Kwana 22 da kwaɗon kotu a ƙofar sitona

Ranar Alhamis ta ƙarshe a watan Janairun 2023, ina zaune a kan benci a bakin sitona da ke kasuwar Dawanau ina karyawa da koko da ƙosai, 'yan dako suna ta ɗora riɗi a tirela, sai ga wata ƙaramar mota ta tsaya. Mutum huɗu suka fito: biyu cikin kayan gida, ɗan sanda ɗaya, sai wani yaro da na sani sarai, wakilin kamfanin da muke rigima da shi. Babban cikinsu ya yi sallama, ya tabbatar da sunana, sannan ya miƙo mini takardu masu kauri.

"Alhaji, daga Babbar Kotu muke. Oda ce, a dakatar da lodin nan."

Na ce ko za a bari a ƙarasa, tunda saura kaɗan mota ta cika. Ya ce ba ma wannan ba, wanda aka ɗora ma sai an sauke. Haka na tsaya ina kallo, na biya 'yan dako kuɗin ɗorawa, na kuma biya su kuɗin saukewa. Aka ƙirga buhu 1,400 na riɗi, da buhu 200 na zoɓo waɗanda ba nawa ba ne, na ƙanin matata ne da ya ba ni ajiya. Na faɗa musu haka. Ma'aikacin kotun ya ce shi abin da ya tarar a ciki zai rubuta, mai zoɓo ya je ya yi bayani a gaban alƙali. Sikelina kaɗai ya bari na fitar. Ya sa na sa hannu a jerin kayan, ya ba ni kwafi, ya ja ƙofa ya danna wani ƙaton kwaɗo a saman nawa, ya shafa gam ya liƙa takarda. Kafin azahar babu layin da labarin bai kai ba.

Asalin maganar ba ta da tsawo. Wani kamfani mai fitar da riɗi ta Legas ya ba ni kafin alƙalami na naira miliyan 30 a farkon kaka. Na tura masa tirela biyu. Ya karɓi ɗaya lafiya, ɗayar kuma sai da ta yi mako uku a wurinsa sannan ya ce akwai ƙasa da danshi, ba ya so. A lissafina bai fi miliyan 9 yake bi na ba. A lissafinsa miliyan 24 ne, ban da asarar da ya ce na ja masa. Muna cikin aike-aike ta hannun dillali ashe shi ya riga ya shigar da ƙara, ya kuma haɗa da wata takardar rantsuwa cewa ina kwashe kayana ina kaiwa Maraɗi don kada a sami abin kamawa in an yanke hukunci. Har da hotunan tirela a ƙofar sitona. Duk wanda ya san harkar zai yi dariya, domin riɗi daga Maraɗi yake shigowa Dawanau, ba ya komawa. Amma alƙali ba ɗan kasuwa ba ne, abin da aka rantse a kai aka ajiye a gabansa shi ya gani, ni kuwa ba na wurin.

Da la'asar na je ofishin lauya. Tun a mota nake tsara yadda zan ce masa a kai su ƙara su ma. Ya bar ni na gama zubar da zafina, sannan ya ɗauki odar ya karanta mini layi-layi yana fassarawa. Ashe ban fahimce ta ba. Ba a ce an ƙwace kayana ba, ba a kuma ce kamfanin ya yi nasara ba. Cewa aka yi ko dai in kawo lamunin da zai isa biyan abin da ake nema idan shari'a ta kāda ni, ko in zo in faɗi dalilin da zai sa kada a nemi lamunin a wurina, kafin nan kuma a tsare kayan. Ya ce ƙa'idojin shari'ar Babbar Kotu sun ba da wannan dama idan mai ƙara ya nuna cewa wanda yake ƙara na shirin sayar da dukiyarsa ko fitar da ita daga hurumin kotu da niyyar hana hukunci aiki. Ya ce kalmar niyya ita ce ƙashin bayan maganar, domin ɗan kasuwa ya sayar da hajarsa ba gudu ba ne, sana'arsa ke nan. Ya ƙara da cewa tun 1989, a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya, Kotun Ƙoli ta ja kunne a kan odar da ake bayarwa a bayan idon mutum, cewa sai da gaggawa ta haƙiƙa, kuma mai nema ya ɗauki alkawarin biyan diyya in ta bayyana bai cancanta ba.

Na ce to ai shi ke nan, Barista, mu je mu rushe ta.

Ya ce, "Alhaji, za mu iya. Amma su ma za su kawo amsa, mu mayar, a sa rana, a ɗage, a sa ranar yanke hukunci a kan wannan kaɗai. Kayanka za su iya jiran wata biyu ko uku?"

Ba za su iya ba. Ina da wani cinikin da aka ba ni wa'adi zuwa tsakiyar Fabrairu, kuma riɗi ba gyaɗar da ke cikin kwanso ba ce. In ya daɗe a rufe babu mai juya shi, babu mai sa magani, ƙwari su shiga, ɗanɗano ya fara juyawa, masu saye kuwa da na'ura suke aunawa. Ga matan da ke yi mini tankaɗe da sheƙa, su wajen ashirin, da kullum sai sun fito suke samun na cefane.

Nan ya kawo hanya ta biyu. Ya ce wannan ƙa'idar da ta ba da damar tsare kaya, ita ce kuma ta ce duk lokacin da wanda ake ƙara ya kawo lamunin da aka nema, tare da na kuɗin da aka kashe wajen tsarewar, kotu za ta janye. Wato a musanya abin da aka riƙe: a saki buhuna, a riƙe wani abu a madadinsu har a gama shari'a. Abin da ya fara zuwa raina shi ne abin da zai zo ran kowane ɗan kasuwa, cewa in na kai kuɗi ai na amsa bashin ke nan. Ya ce a'a, kuɗin ba hannun kamfanin za su shiga ba, a hannun kotu za su zauna, ko sisi ba mai taɓawa sai da odar alƙali, kuma za mu rubuta ƙarara cewa ajiyewar ba amsa da'awa ba ce. A shari'ance haka ne. A kasuwa kuwa sai da na yi wata shida ina wannan bayanin, har yau akwai masu cewa ai Alhaji biya ya yi aka buɗe masa.

Abu uku za a iya ajiyewa, kuma a nan ne na fi so mai karatu ya tsaya, domin a nan na yi gaggawa.

Na farko takardar lamuni daga banki, wadda banki zai rubuta cewa in kotu ta ce a biya, shi zai biya. Na ɗauka wannan ce mafi sauƙi tunda na shekara goma sha ina hulɗa da bankina. Manajan ya karɓe ni hannu bibbiyu, ya sa aka kawo ruwa, sannan ya ce sharaɗin shi ne ko in zuba musu adadin kuɗin gaba ɗaya su riƙe, su kuma caje ni la'ada a kai, ko in kawo kadara mai satifiket ɗin gwamnati, a tura mai ƙiyasi, a tura fayil hedikwata. Na tambayi kwana nawa, ya ce in Allah ya so mako huɗu. Na biyu shi ne jingina da kadara ko samun mai tsaya mini da tasa. Gidan da nake ciki ya fi ƙarfin kuɗin nesa ba kusa ba, amma takardarsa ta ciniki ce kawai mai hatimin mai unguwa da shaidu, irin wadda galibinmu muke riƙe da ita. Shekara da shekaru ana ce mini in nemi satifiket ina cewa sai an kwana biyu. Barista ya ce lauyan kamfanin ba zai yarda da ita ba, kuma jayayya a kan takarda za ta ci lokacin da muke gudun ɓatawa. Akwai kamfanonin inshora masu bayar da irin wannan lamunin, amma ya ce ɗaya ɓangaren sun fi saurin ƙi, sai a koma gardama. Saura na uku, tsabar kuɗi.

Muka shirya takardu ranar Litinin: takardar roƙo, da takardar rantsuwa wadda na je rajistara na rantse na sa hannu a gaban jami'in rantsarwa, da rubutaccen jawabin lauya. Muka haɗa da jerin kayan da ma'aikacin kotu ya rubuta, da rasitan sayayya, don nuna cewa abin da aka rufe ya kusa ninka abin da ake nema sau uku. Roƙonmu biyu ne a jere: a soke odar, in kuma ba za a soke ba, a yanke adadin da za mu ajiye a buɗe sito. Aka biya kuɗin shigarwa, aka ba masinja ya kai wa lauyan kamfanin. Ƙanin matata ma ya shigar da tasa takardar a kan zoɓonsa, domin ƙa'ida ta ce tsarewar ba ta shafi haƙƙin wanda ba ya cikin shari'a ba. Sai dai ƙofa ɗaya ce, kwaɗo ɗaya ne, don haka shi ma jira ya yi tare da ni, kuma ya yi mini kawaicin da har yanzu nake jin nauyinsa.

Zaman farko bai yi minti goma ba, lauyansu ya ce yana buƙatar lokaci ya amsa. A zama na biyu aka yi ta. Ina zaune a bencin baya, rabin Turancin yana wuce ni, amma lambobi ba sa wuce ɗan kasuwa. Lauyansu ya ce miliyan 40, wai har da ribar da suka rasa da kuɗin ruwa da ladan lauya. Nawa ya miƙe ya ce ranka ya daɗe, lamuni na abin da ake iya gani a takarda ne, ba na abin da mutum yake fatan samu ba, kuma mu miliyan 9 muka sani. Mai shari'a ya yi ta rubutu bai ɗago ba. Da ya gama ya karanta: miliyan 24, da naira 500,000 na ɗawainiyar tsarewa, a biya da sunan Babban Magatakardan kotu, da zarar an biya a buɗe sito. Maganar soke odar kuwa ya ce ba sauran buƙatar a taɓa ta tunda mun kawo mafita da kanmu. Wannan ya ɗan tsaya mini a rai, domin ke nan rantsuwar Maraɗi ta wuce ba wanda ya tambayi mai ita.

Kafin a tashi Barista ya waiwayo ya raɗa mini cewa zai roƙi a sa kuɗin a asusu mai kawo ruwa, wanda ya ci shari'a ya kwashe har da ruwan. Haka aka saba yi. Na ce ya dakata. Da daddare na je wurin malaminmu na zaure. Na ce Allah gafarta Malam, ga halin da ake ciki. Ya ce ajiyar ba laifi, jingina ce, Alƙur'ani ma ya ambaci jingina a ƙarshen Baƙara. Ruwan ne ba nawa ba, in ya zo dole sai in fitar da shi, ba kuma da sunan sadaka mai lada ba. Na ga ba amfanin neman abin da ba zan ci ba, na ce a bar shi. Ko a zuciyata ko a ta Barista ba wanda ya kawo tunanin a roƙi a kai kuɗin ɗaya daga cikin bankunan da ba sa mu'amala da ruwa, alhali suna nan a Kano. Wataƙila da an roƙa da an bayar.

Sai haɗa kuɗi, kuma duk wanda yake Najeriya a Fabrairun 2023 ya san wane lokaci nake magana. Canjin takardun naira ne, wa'adin 31 ga Janairu an ƙara shi zuwa 10 ga Fabrairu, tsofaffin kuɗi ba mai karɓa, sababbi ba a gani, taransifa kuma sai ta fita daga asusunka ta kwana uku a hanya. Miliyan 9 nake da su a asusu, sauran jarina duk yana bayan kwaɗo. Masu riƙe da bashina kowa ya ce in yi haƙuri, kuma ban ga laifinsu ba. Yayana ya kawo 4. Na je gaida tsohon maigidana, wanda a gabansa na koyi riƙe sikeli, da niyyar in faɗa masa kafin ya ji a bakin mutane. Ban kai ga roƙo ba ya ce saura nawa. Na ce ranka ya daɗe, sha ɗaya da rabi. Ya kira ɗansa ya ce a tura goma, ba takarda ba shaida. Ragowar uwargida ce ta cike. Ta shiga ɗaki ta fito da sarƙa da 'yan kunne da warwaro na gwal da ta tara tun aurenmu, ta ajiye a gabana a cikin ɗan ƙyalle. Na ce ba za a yi haka ba. Ta ce, "Alhaji, don irin wannan ranar ake ajiye shi."

Ranar da zan yanko daraf, wato takardar da banki ke rubutawa a madadin tsabar kuɗin da za a biya, tun bayan asuba na isa banki na tarar da mutane sun fi ɗari a bakin get, ana rubuta lamba a hannu. Ni ba tsaba na zo ɗauka ba, amma mai gadi ba ruwansa, sai da na kira wani ma'aikaci ya fito ya shigar da ni ta ƙofar baya. Aka yanka daraf, na ruga kotu, mai karɓar kuɗi ya duba ya turo mini abina. An rubuta sunan kotu kawai, ba a rubuta Babban Magatakarda ba kamar yadda oda ta ce. Kwana guda cur ya tafi a kan kalma biyu. Laifina ne, da na tafi da kwafin odar na ajiye a gaban mai rubutawa da ba a yi haka ba. Washegari aka karɓa, aka ce sai daraf ya faɗa asusu za a ba da rasit. Da rasit ya fito Barista ya kama hannuna ya ce, "Wannan farar takardar, ka ɗauke ta kamar takardar gida. Ka yi mata hoto, ka ɓoye ta ainihin. Ranar karɓar kuɗi ita za a fara tambaya."

Ni na zaci da rasit a hannu sai in wuce Dawanau in sa a fasa kwaɗo. Ya ce in kuskura in taɓa shi, raina kotu ne, kuma ana ɗaure mutum a kai. Sai da aka buga odar a takarda mai hatimi alƙali ya sa hannu, muka shigar da wata rantsuwar cewa mun cika sharaɗi, aka rubuta wa sashen da ke zartar da oda, aka sa rana, na kuma ɗauki nauyin motar da za ta kai ma'aikatan.

Ranar Juma'a da hantsi, kwana 22 cif, mutumin nan da ya rufe shi ne ya zo ya buɗe. Takardar da ya liƙa ta koɗe, iskar hunturu ta yage gefenta. Da aka ja ƙofa wani ɗumi mai warin mai ya bugo mu. Ɓeraye sun yi biki a layin da ke jikin bango, riɗi ya zube ya yi tsibi-tsibi gauraye da kashinsu. Na soka hannu cikin wani buhu na ƙasa na damƙo, na ji ya ɗan dunƙule, na tauna, da sauƙi. Muka ƙirga tare da jerin da ke hannunsa, buhu bai ɓata ko ɗaya ba, sai goma sha bakwai da suka huje. Na sa hannu cewa na karɓi kayana. Kafin a tafi masallaci matan tankaɗe sun dawo da rariyarsu, ban ma aika musu ba. Wa'adin wancan cinikin ya riga ya wuce da kwana biyu, mai saye ya yi mini alfarma amma ya rage farashi.

Daga nan shari'a ta koma tafiyarta ta yau da gobe. Aka yi zaɓe, aka yi azumi, aka yi dogon hutun kotu na damina. Da kaya suka fita, zafin kowa ya ragu. Kamfanin ya san kuɗi na nan ba inda za su, ni kuma ina juya sauran jarina. Wanda yake asara a ɓoye ni ne, ban kuwa lura ba sai da gwamnati ta saki naira ta bar kasuwa ta yanka mata farashi a watan Yunin 2023. Lokacin da na kai daraf, dala tana wajen naira 750 a kasuwar 'yan canji ta Wapa. Riɗi kuma da dala ake yi masa farashi ko da a naira ake biya. Kullum buhu yana hawa, miliyan 24 da rabi suna kwance a inda na ajiye su. Da kadara na jingina, da ita ma ta hau tare da komai. Mako huɗun da manajan banki ya ce, waɗanda na ga kamar shekara, da na sa an bi su a hankali bayan an buɗe sito, sannan a roƙi kotu ta karɓi takardar banki ta sako mini tsabata. Barista ya ce ana yi. Sai dai hanyar tana komawa ne kan satifiket ɗin da ba ni da shi.

Dattawan kasuwa ne suka kashe maganar a ƙarshe. Suka zaunar da ni da wakilin kamfanin sau uku, aka kawo dillali, aka kawo takardun awo, aka tsaya a kan miliyan 13. Lauyoyi suka rubuta sharuɗɗan sulhu, muka sa hannu, alƙali ya karɓa ya mayar da su hukuncin kotu, ya ba da oda a biya kamfanin 13 daga cikin ajiyar a mayar mini da saura. Fitar kuɗin ma sai da ta ci mako biyar: takardar nema, kwafin hukunci mai hatimi, katin shaida, lambar asusu, da rasit na ainihi, wanda uwargida ta ciro daga ƙasan akwatinta a cikin ƙyallen nan da gwal ya fito.

A ƙarshen Fabrairun 2024 kuɗin suka shigo, dala ta haura 1,500. Maigida na riga na biya shi tun bayan sallah, Yaya ma haka. Na ɗauki uwargida muka je wurin mai gwal ɗin da ya saya, na ce a auna mana irin abin da muka kawo bara. Ya buɗe littafinsa ya nemo nauyin, ya danna kalkuleta, ya juyo mini da ita. Abin da ya ba mu a kan sarƙa da 'yan kunne da warwaro, yanzu ko sarƙar kaɗai bai kai ba. Na ce a kawo duka ukun zan cika. Ta ce a'a, a ba ta sarƙar, sauran a bari sai kaka.